Asalin Sunayen Yanka a Ingilishi: Nazari a Kan Sunan Roger Bannister

1.0 Gabatarwa

Masu nazarin sunaye sun daɗe da lura cewa sunan mutum yakan fi sauran kalmomin harshe tsawon rai, kuma yakan riga su rabuwa da ma'anarsa. Kalmar yau da kullum idan ma'anarta ta ɓace, ita ma ta mutu ke nan. Suna kuwa yakan ci gaba da yawo daga baki zuwa baki shekaru ɗaruruwa bayan an manta abin da yake nufi. Manufar wannan maƙala ita ce bayyana yadda hakan ke faruwa, ta hanyar bin diddigin sunan wani mashahurin ɗan tseren Ingila, Roger Gilbert Bannister, tare da sunayen mutanen da suka kewaye shi a ranar da ya shiga tarihi. Za a nuna cewa asalin suna daban ne da dalilin raɗa shi, kuma mulki da addini da kwaikwayon manya su ne suke ɗauke suna daga wata al'umma zuwa wata.

A nan an yi amfani da "sunan yanka" a matsayin sunan da ake raɗa wa jariri, ko da yake Ingilishi ba su yanka rago, a wurin baftisma ko wurin rajistar haihuwa suke raɗa suna. An kira sunan da dangi ke gada kaka da kakanni "sunan zuri'a".

2.0 Mai Sunan

An haifi Bannister a Harrow, kusa da Landan, ranar 23 ga Maris, 1929. Gwani ne a tseren matsakaicin zango, wato tseren da ya kama daga mita 800 zuwa mil ɗaya, mai tsawon mita 1,609. Tun daga 1945 babu wanda ya karya bajintar Gunder Hagg na Suwidin, wanda ya gama mil ɗaya cikin minti 4 da daƙiƙa 1.4, har wasu suka soma zaton ɗan Adam ba zai iya sauka ƙasa da minti huɗu ba.

Ranar 6 ga Mayu, 1954, a filin Iffley Road da ke Oxford, Bannister ya gama mil ɗin cikin minti 3 da daƙiƙa 59.4. A lokacin yana ɗalibin likitanci mai shekara 25. Abokansa biyu, Christopher Brasher da Christopher Chataway, su suka yi ta ja masa gaba bi da bi domin daidaita saurinsa. Norris McWhirter ne ya sanar da sakamakon, kuma Harold Abrahams, zakaran mita 100 na gasar Olamfik ta 1924, yana wurin. Bayan kwana 46 kacal John Landy na Ostireliya ya karya wannan bajinta a birnin Turku na Finlan, amma da suka haɗu a Vancouver ta Kanada ranar 7 ga Agusta Bannister ne ya yi nasara. A ƙarshen shekarar ya bar tsere ya koma aikin likitan jijiyoyi da ƙwaƙwalwa. Ya shugabanci Kwalejin Pembroke ta Jami'ar Oxford daga 1985 zuwa 1993, ya rasu ranar 3 ga Maris, 2018.

Wannan taƙaitaccen tarihi ya samar mana da sunayen yanka guda shida: Roger, Gilbert, Christopher, Norris, Harold da John. Duk wanda ya ji su zai ce sunayen Ingilishi ne tsantsa. Amma ɗaya ne kawai daga cikinsu, wato Harold, ke da asali a Tsohon Ingilishi.

3.0 Ƙirar Sunan Roger

Roger harɗaɗɗen suna ne wanda ya samo asali daga harsunan dangin Jamusanci na dā. A waɗannan harsuna an saba gina sunan namiji ko na mace da kalmomi biyu, akasari masu nasaba da yaƙi, ɗaukaka, mulki ko kariya. Dubi waɗannan misalai:

(1) hrod "shahara" + ger "mashi" > Hrodger > Roger
(2) gisil "jingina, ɗan garkuwa" + berht "haske" > Gisilberht > Gilbert
(3) hrod "shahara" + berht "haske" > Hrodberht > Robert

Misali na (3) ya nuna cewa tubalan ginin ƙidayayyu ne, ana ta jujjuya su: Robert ya yi tarayya da Roger a kalmar farko, ya yi tarayya da Gilbert a ta biyu. Kalmar mashi kuwa, wadda siffarta a Tsohon Ingilishi ita ce gar, tana nan ɓoye a sunan Edgar, da kuma kalmar garlic "tafarnuwa", wadda asalinta gar-leac ne, wato albasa mai kama da mashi.

Littattafan ma'anar sunaye sukan fassara Roger da "shahararren mashi". Wannan fassara tana buƙatar taka-tsantsan, domin ba kullum ake haɗa kalmomin biyu don su ba da ma'ana guda ba. Sau da yawa kalma ɗaya gadon gida ce, ana maimaita ta don nuna zumunta. Sarki Aethelwulf na Wessex, a ƙarni na 9, yana da 'ya'ya maza masu suna Aethelstan da Aethelbald da Aethelberht da Aethelred, duk da kalmar aethel "mai daraja" a goshi. Aikin kalmar a nan shi ne shaida cewa 'yan gida ɗaya ne. Ke nan tun a zamanin da masu sunan ke jin ma'anar kowace kalma, dalilin zaɓenta ya riga ya soma rabuwa da ma'anar.

Ta fuskar tsarin sauti, canje-canje uku suka mayar da Hrodger ya zama Roger a bakin masu magana da Faransanci na dā. Na farko, shafewar /h/ a farkon kalma, domin harshen bai yarda da jerin baƙaƙe /hr/ ba. Na biyu, shafewar /d/ a gaban wani baƙi. Na uku, ganɗantawar /g/ a gaban wasalin gaba, inda ya koma irin sautin da Hausa ke rubutawa da "j". Da wannan furuci sunan ya shiga Ingilishi, shi ya sa har yau Bature ɗan Ingila ke furta shi kusan "Roja". Sauran harsunan Turai sun bi nasu hanyoyi: Rüdiger a Jamusanci, Rutger a harshen Holan, Ruggero a Italiyanci.

4.0 Yadda Sunan Ya Shiga Ingila

Tsohon Ingilishi yana da nasa takwaran wannan suna, wato Hrothgar, sunan wani sarkin Danmak a tsohuwar waƙar nan ta Beowulf. Sai dai Roger na yau bai fito daga Hrothgar ba. Ta Faransa ya biyo.

A shekarar 911 Sarkin Faransa Charles ya ba wani jagoran mayaƙan arewacin Turai mai suna Rollo ƙasar da aka san ta daga baya da Normandi. Rollo ya karɓi addinin Kirista, aka raɗa masa suna Robert. Cikin 'yan tsararraki zuri'ar waɗannan mayaƙa, wato Normawa, suka bar harshensu suka koma Faransanci, suka kuma rungumi sunayen masu mulkin Faransa, waɗanda su ma asalinsu daga Faranka ne, wata ƙabila mai harshen dangin Jamusanci. Ranar 14 ga Oktoba, 1066, Wiliyam na Normandi ya ci Sarki Harold da yaƙi a Hastings, Harold ya mutu a fagen fama. Wiliyam ya raba ƙasar Ingila ga hakimansa, cikinsu har da Roger de Montgomery da Roger Bigod. Littafin ƙidayar filaye da dukiya na 1086, wanda ake kira Domesday, ya nuna manyan masu ƙasa ɗauke da sunaye irin su William, Robert, Richard, Hugh da Roger, waɗanda aka ƙwace wa kuwa da sunaye irin su Godwin, Wulfric da Leofric.

Babu wata doka da ta hana Ingilishi raɗa sunayen kakanninsu. Da kansu suka bar su. Talaka yakan sa wa ɗansa sunan ubangidansa, ko na wanda ya tsaya wa yaron a wurin baftisma, domin neman kusanci da alfarma. Kafin tsakiyar ƙarni na 13 yawancin tsofaffin sunayen sun ɓace. Kaɗan da suka tsira, irin su Edward da Edmund, sun tsira ne saboda sunayen waliyyan coci ne, kuma Sarki Henry III ya raɗa su ga 'ya'yansa a 1239 da 1245.

Normawa ba su tsaya a Ingila ba. Wani reshensu ya ci tsibirin Sisili daga hannun Musulmi a ƙarni na 11, ya kafa mulki a Palermo. A fadar Sarki Roger II ne malamin nan al-Idrisi ya kammala littafinsa na labarin ƙasa, Nuzhat al-Mushtaq, a 1154, wanda Larabawa suka fi sani da Kitab Rujar, wato Littafin Roger. A cikinsa akwai bayanin Takrur da Gana da Kaukau da Kanem. Ta haka sunan da ake magana a kansa ya lizimci ɗaya daga cikin tsofaffin madogaran tarihin Afirka ta Yamma, shekara 800 daidai kafin tseren Oxford.

5.0 Sauran Sunayen Filin Tsere

Ragowar sunaye huɗu kowanne yana wakiltar wata ƙofa ta daban.

Christopher da John ta ƙofar coci suka shigo. Christopher Girkanci ne: Khristos "Almasihu" da pherein "ɗauka", wato mai ɗauke da Almasihu. Ya yaɗu ne saboda wani waliyyi da hikaya ta ce ya goya yaro ya haye kogi da shi, wanda matafiya suka riƙa neman tubarrakinsa. John kuwa daga Ibrananci Yohanan "Ubangiji ya yi rahama" ya fito, ya bi ta Girkanci da Latinanci da Faransanci. Daga ƙarni na 13 sunayen waliyyai da manzanni suka soma gogayya da na Normawa, har John ya zama sunan maza da ya fi kowanne yawa a Ingila tsawon ƙarnoni. 'Yan tseren Ingila uku da suka riƙe bajintar mil ɗaya tsakanin 1979 da 1985 duk sunayen wannan rukuni gare su. Sebastian Coe yana ɗauke da Sebastianos "mutumin Sebaste", garin da ake kira Sivas a Turkiyya ta yau. Steve Ovett da Steve Cram kuwa suna ɗauke da Stephanos, kalmar da Girkawa ke kiran kambin ganye da ake ɗora wa wanda ya ci gasa. Dacewar wannan ma'ana da sana'ar masu sunan katari ne kawai, domin abin da ya yaɗa sunan a Turai shi ne Istifanus, shahidin farko a tarihin Kiristanci.

Harold ya fito daga Tsohon Ingilishi here "runduna" da weald "iko", kuma takwaransa Haraldr na mayaƙan arewa ya ƙarfafa shi a Ingila. Sunan sarkin da aka kashe a Hastings ne, don haka ya dushe bayan 1066. A ƙarni na 19, lokacin da marubuta da masana tarihi suka farfaɗo da sha'awar zamanin Saksonawa, aka tono shi tare da Alfred da Edgar da Edith da Ethel. Harold Abrahams kansa ɗan Bayahude ne da ya yi ƙaura zuwa Ingila daga gabashin Turai, abin da ke nuna cewa a 1899, shekarar haihuwarsa, sunan ya zama na duk mai son ɗansa ya saje da 'yan ƙasa.

Norris asalinsa sunan zuri'a ne, daga Faransancin Normawa norreis "mutumin arewa". Tun daga ƙarni na 16 manyan gidaje suka soma mayar da sunan zuri'ar uwa ya zama sunan yankan ɗa, don kada ya ɓace, musamman inda akwai gado. Ta wannan hanya aka samu Sidney da Stanley da Howard da Norris.

6.0 Rassan da Sunan Ya Yi

Raguwar yawan sunaye bayan 1066 ta jawo matsala: a ƙauye guda sai a sami mutum goma masu suna ɗaya. Ingilishi suka magance wannan ta hanyoyi biyu, wato taƙaita suna da kuma gadon sunan zuri'a.

Wajen taƙaitawa, akan yanke sunan a bar gaɓar farko, sannan a sauya baƙin farko a sami sabuwar siffa mai amo ɗaya da ta asali:

(4) Roger > Hodge, Dodge
(5) Robert > Rob, Hob, Dob
(6) Richard > Rick, Hick, Dick

Akwai shaidar wannan a adabi. A ƙarshen ƙarni na 14 Chaucer ya kira mai dafa abincin da ke cikin hikayoyin Canterbury da Roger a wani wuri, da Hogge a wani. Ana kuma liƙa wa taƙaitaccen sunan ɗafa-ƙeya -kin mai nuna ƙanƙantawa, wanda aka aro daga harshen Filandas, a sami Hodgkin, kamar yadda aka sami Wilkin daga William da Hopkin daga Hob.

Da sunan zuri'a ya kafu tsakanin ƙarni na 13 da na 14, sai waɗannan siffofi suka daskare, aka ƙara musu -s ko -son "ɗan":

(7) Roger > Rogers, Rogerson
(8) Hodge > Hodges, Hodgson
(9) Dodge > Dodgson
(10) Hodgkin > Hodgkins, Hodgkinson

Masanin tarihin nan Thomas Hodgkin, wanda ya wallafa Nigerian Perspectives a 1960, sunan zuri'arsa yana nufin "ƙaramin Roger". Keely Hodgkinson, 'yar Ingilar da ta ci zinaren mita 800 a gasar Olamfik ta Faris a 2024, tana ɗauke da "ɗan ƙaramin Roger", alhali ita mace ce. Wannan kaɗai ya isa hujjar cewa ma'ana ta riga ta fita daga jikin sunan.

Suna kan sami sabuwar ma'ana bayan ta farko ta ɓace. Saboda yawansa a ƙauyuka, Hodge ya koma kalmar da mutanen birni ke kiran kowane ƙadagon gona da ita, cikin raini. A ƙarni na 20 kuma sojoji da matuƙan jiragen sama na Amurka da Birtaniya suka sa Roger ya wakilci harafin R a maganar rediyo, harafin da ke nufin an karɓi saƙo. A 1956 aka maye gurbinsa da Romeo a jerin haruffan, amma kalmar ta zauna da ma'anar "na ji". Kalmar da ta fara da mashi ta ƙare a amsa kira.

7.0 Abin Lura Ga Nazarin Sunaye a Nijeriya

Abin da ya faru a Ingila yana da makamanci a ƙasar Hausa. Jerin sarakunan Kano ya fara da sunaye irin su Bagauda da Warisi da Gijimasu. Tarihin Kano ya ce a zamanin Yaji, 1349 zuwa 1385, wanda ake kira Ali, Wangarawa suka kawo Musulunci fada, kuma zuwa zamanin Muhammadu Rumfa, 1463 zuwa 1499, sunayen Musulunci sun fara kankama. Kamar a Ingila, sabon rukunin sunayen ƙidayayye ne, don haka aka sami taƙaitawa da musanyawa: Muhammadu ya ba da Mamman, Abubakar ya ba da Habu da Buba da Bukar, Ibrahim ya ba da Iro, A'ishatu ta ba da A'i da Shatu, Hadizatu ta ba da Dije. Bambancin shi ne Hausa ba ta zubar da tsofaffin sunayenta ba, ta mayar da su laƙabi. Tanko da Kande da Cindo da Talatu da Ɗanladi suna nan, kuma mai jin harshen ya san yanayin haihuwar da kowanne ke nunawa.

Daga nan za a iya ware sunaye gida biyu. Akwai bayyanannu, waɗanda mai harshen ke jin ma'anarsu kai tsaye, irin su Ɗanladi, ko Babatunde "uba ya dawo" a Yarbanci, ko Chukwuemeka "Allah ya yi babban aiki" a harshen Ibo. Akwai kuma rufaffu, irin su Roger a Ingilishi ko Iro a Hausa, waɗanda sai mai bincike ke iya tono asalinsu. A rukuni na farko ma'ana kan yi daidai da dalilin raɗawa. A na biyu kuwa dalilin yana wurin wanda aka yi wa takwara: annabi, sahabi, waliyyi, kaka ko ubangida. Mai nazarin da ya tsaya ga fassara Ibrahim ko Usman daga ƙamus, bai tambayi iyaye wa suka yi wa takwara ba, ya amsa tambayar asali ne ya bar ta dalili.

Haka kuma, zama baƙo a asali ba ya hana suna zama ɗan gida. Babu Bature da zai ce Roger ko John ba sunan Ingilishi ba ne, kamar yadda babu Bahaushen da zai ce Mamman ko Dije ba sunan Hausa ba ne. Ma'aunin shi ne ko sunan ya bi tsarin sautin harshen, kuma ko ya yi rassa a cikinsa.

8.0 Kammalawa

An ga yadda sunaye shida da aka tsinta a tarihin tseren 1954 suka wakilci ƙofofi huɗu da sunayen yanka suka bi suka shiga Ingilishi: mulkin Normawa, coci, farfaɗo da sunayen dā, da mayar da sunan zuri'a na yanka. An kuma bi sunan Roger daga kalmomi biyu na harsunan dangin Jamusanci zuwa Faransa da Ingila da Sisili, har zuwa rassansa irin su Hodges da Hodgkinson. A kowane zango abin da ya ɗauki sunan shi ne martabar wanda ya riga ya amsa shi. Saboda haka ya kamata mai nazarin sunaye a kowane harshe na Nijeriya ya riƙa raba tambayoyi uku: daga wace kalma sunan ya fito, ta wace hanya ya shigo al'umma, kuma me ya sa iyaye suka zaɓe shi. Ƙamus na iya amsa ta farko, tarihi ya amsa ta biyu, amma ta uku sai an je an tambayi masu raɗa sunan.